Tsuntsun da ya ja ni nesa da ƙwansa: wai yautai ne?

Ɗan Auta:
Assalamu alaikum jama'a. Ina da tambaya ga masu sanin tsuntsaye a cikinmu. Jiya da hantsi ina ratsa wani fili a gefen gona, wurin duk busassun ganye ne da tsakuwa, sai wani abu ya tashi fir daga gaban ƙafata, saura ƙiris in taka shi. Wallahi sai da gabana ya faɗi, na ɗauka maciji ne. Ashe tsuntsu ne, ruwan ƙasa, da zane-zane kamar ɓawon itace. Bai yi nisa ba, ya faɗi can kamar taku goma, yana jan fiffike ɗaya a ƙasa yana ta mutsu-mutsu kamar wanda aka harba. Na ce bari in kama shi in duba. In na matso sai ya ƙara gaba kaɗan ya sake faɗuwa. Haka muka yi ta yi har na yi nisa da inda na faro, sannan ya tashi garau, lafiyarsa ƙalau, ya ɓace mini. Da na dawo ɗaukar fartanyata sai ga ƙwai biyu a ƙasa. A ƙasa zalla fa, ba sheƙa, ko tsinke ɗaya ba a jera ba. To wane tsuntsu ne wannan? Kuma ƙwan faɗowa suka yi daga wata sheƙa? Ina tunanin in kwashe su in sa wa wata kaza da ke kwanci.

Baba Mai Gona:
Wa alaikumus salam. Yaro, yautai ka gani, ba tantama. Yautai mugun tsuntsu, kuma abin da ya yi maka ɗin nan shi ya jawo masa wannan kirari. Ya sauka kusa, ka ga kamar ka miƙa hannu ka ɗauka, ya ƙara gaba, ka bi, ya ƙara gaba. Ka gode wa Allah da rana abin ya same ka. Ƙwan kuma ba daga ko'ina suka faɗo ba, nan ya ajiye abinsa. Ka bar su.

Malamar Bayoloji:
Baba ya yi gaskiya a suna, ya yi gaskiya a batun ƙwai. Muguntar ce kawai ban yarda da ita ba, Baba a gafarce ni.

Ɗan Auta, don Allah kada ka kai wa kaza. Ko ta ƙyanƙyashe su ba za su rayu ba, domin 'ya'yan yautai ba sa tonon ƙasa su ci da kansu kamar 'yan tsaki. Iyayen ne ke kamo ƙwari a sama, ɗan ya kama bakin uwar, ita kuma ta amayo masa.

Yautai ba ya gina sheƙa ko kaɗan. Macen takan zaɓi wuri a ƙasa, cikin ganye ko tsakuwa ko yashi, ta saka ƙwai biyu, wani lokaci ɗaya, ta kwanta a kai yini guda ba motsi, ido a runtse sai 'yar kafar da take leƙen duniya. Ba ta da ƙarfin faɗa, ba ta da faratan kirki, duk tsaronta a launin gashinta yake. Shi ya sa ba ta tashi sai an zo dab da ita. In kuwa sajewar ta ƙi ci, sai ta koma dabara ta biyu, wadda ka gani: ta yi kamar fiffikenta ya karye. Dila ko tunku da ya ga nama mai sauƙi sai ya manta da duba ƙasa ya bi ta, ita kuma ta yi ta jan sa har ya yi nesa da ƙwan. Watau jiya kai ne dilan.

Ɗan Auta:
Kai Malama, ashe dila aka mayar da ni! To amma fa na riga na taɓa ɗaya da yatsa, da ɗuminsa. An ce in mutum ya taɓa ƙwai uwar ba ta sake dawowa.

Mai Kamara:
Za ta dawo in sha Allahu. Taɓawa sau ɗaya ba ita ke sa tsuntsu ya yi watsi da ƙwansa ba, yawan zirga-zirga ke korar sa. Duk lokacin da ka tashe ta, ƙwan na zama a buɗe: rana ta doke su, hankaka ya hango su daga sama, ga kuma kare da zai bi sawunka har wurin. In kana son kallo, ka tsaya nesa, ka yi ɗan lokaci ka wuce. Kuma kada ka ja yara su gani.

Ni shekaru nake bin su da kamara, kuma har yau nakan tsaya taku biyar da ita ina zare ido ban gan ta ba, alhali na san tana wurin. Sai na nemi layin idonta sannan sauran jikin ya fito daga cikin ganye kamar an zana shi yanzu. An yi wani bincike a Zambiya da aka wallafa a 2017, aka gano ba wai launin irin ne kawai ya dace da ƙasa ba, kowace mace takan zaɓi wurin da ya fi dacewa da nata zanen ita kaɗai. Wadda ta fi ja ta nemi wurin da ya fi ja, wadda ta fi duhu ta nemi mai duhu. Yadda ta san kamanninta ba tare da madubi ba, wannan kam ya isa abin tunani.

Sarkin Gardama:
Ni fa ban ga abin dogon bayani ba. Tsuntsu mai yawon dare, mai manyan idanu, mai gashi ruwan ƙasa, wanda ba a jin ƙarar tashinsa. Ƙaramar mujiya ce kawai aka canja mata suna.

Malamar Bayoloji:
Sarki, ran ka ya daɗe, ka duba ƙafa da baki kafin ka yanke hukunci. Mujiya da ƙafa take kamu, tana da farata masu ƙarfi da baki mai lanƙwasa na yagar nama. Ƙafar yautai gajera ce, ba ta da ƙarfi, ko tafiya da ita da ƙyar yake yi, ko a reshe ma ba ya zama a gicciye kamar sauran tsuntsaye, sai ya kwanta a tsawon reshen ya zama kamar kullutun itace. Da baki yake kamu, kuma a sama. Kamannin da ka gani na masu sana'ar dare ne, ba na jini ba. Binciken ƙwayoyin halitta ya nuna ya fi kusa da tsattsewa mai yini a sama, da waɗannan ƙananan tsuntsayen nahiyar Amurka masu tsayawa cak a iska suna shan ruwan fure. Danginsa, da masana ke kira Caprimulgidae, sun kusa iri 100, kuma ana samun su a kowace nahiya ban da Antatika.

Mai Kamara:
In ƙara a kan batun baki, domin na taɓa riƙe wanda mota ta buge. Abu na farko da ya ba ni mamaki rashin nauyi, kamar na ɗauki dunƙulen auduga. Na Turai ma, da ba ƙarami ba ne a cikinsu, da wuya ya wuce giram 100. Bakin in yana rufe ɗan mitsitsi ne, bai kai farcen ƙaramin yatsa ba. Da na buɗe shi sai na ga tsagar ta tafi har ƙarƙashin ido, kan gaba ɗaya ya wangame kamar na kwaɗo. A gefen bakin akwai wasu gasusuwa masu tauri a jere kamar gashin bakin kyanwa. Sai kuma farcen yatsan tsakiya, gefensa ɗaya da ƙananan haƙora kamar mataji, da shi yake gyaran gashinsa. Na daɗe ina juya ƙafar nan a hannuna.

Ɗan Auta, wutsiyar naka doguwa ce sosai, ko daidai jiki? Akwai fari a fiffiken?

Ɗan Auta:
Yaya, wutsiyar kam doguwa ce, ta fi ta kurciya. Fari kuma ban lura ba, hankalina na kan kamu.

Mai Kamara:
To wataƙila mai doguwar wutsiya ne, wanda ya yawaita a yammaci da tsakiyar Afirka, amma ba zan rantse ba. Da ido kaɗai yautai na da wuyar bambancewa, har masana kan yi kuskure. Kuka ya fi raba su. Ka je wajen da almuru ka saurara daga nesa. Wani irin kukansa gurnani ne dogo ba yankewa, kamar an bar ƙaramin inji a kunne can nesa. Wani fito yake yi, wani kuma tsiririn sauti kamar na gyare.

Direban Dare:
Salamu alaikum, ku ba ni dama in sa baki, don ni a kan hanya na san wannan tsuntsu. In na bar kwalta na hau hanyar ƙasa cikin dare, sai fitila ta haska wasu ɗigo ja guda biyu a tsakiyar hanya kamar garwashi. Ba ya tashi sai na kusa hawa kansa. Allah ya yafe mini, na buge da yawa ba da niyya ba. Amma abin da ya fi tsaya mini a rai: wata rana da magariba na ga wani ya tashi, ƙananan abubuwa biyu baƙaƙe na bin sa, ɗaya a dama ɗaya a hagu, duk inda ya juya su juya. Na ce ko jemagu ne ke korar sa. Na ba yaron motata labari ya ce barci nake ji.

Mai Kamara:
Direba, ba barci kake ji ba, ka ga abin da mutane ke biyan kuɗin jirgi su zo Afirka gani. Tsuntsu ɗaya ne, ba uku ba. Akwai wani irin yautai da ake samu daga Senegal har Habasha, jikinsa bai fi santimita 20 da 'yan kai ba. In lokacin aure ya zo, namijin kan fitar da gashi ɗaya a kowane fiffike, tsawonsa ya kai kusan santimita 38. Gashin sanda ce tsirara siririya, sai a can ƙarshe take da faffaɗan kai kamar tuta. Da magariba ido ba ya ganin sandar, tutocin kawai yake gani suna kaɗawa a baya, sai ka rantse wasu halittu ne ke bin sa. In yana yi wa mace rawa a sama yakan ɗaga su tsaye a kan bayansa. Lokacin aure na wucewa sai su zube.

Akwai kuma ɗan'uwansa da ke aure a kudancin layin da ya raba duniya biyu, shi nasa dogayen gasusuwa ne farare kamar ƙyalle, sukan haura santimita 70, sun ninka jikinsa fiye da sau biyu. Bayan aure yakan hauro arewa.

Direban Dare:
Alhamdu lillahi. Yau zan nuna wa yaron nan wannan saƙo.

Sarkin Gardama:
To na bar batun mujiya, amma ba don an kayar da ni ba. Ga wata: tsuntsun da ke kama ƙwaro a sama cikin duhu, dole da sauti yake yi kamar jemage. Ido ba zai iya ba. Kuma in yana da wayon da kuke faɗa, me ya kai shi kwanciya a tsakiyar hanya?

Malamar Bayoloji:
Amsar tambayoyin naka biyu ɗaya ce, Sarki. Da ido yake farauta, shi ya sa yake son hanya.

Jan da Direba ke gani, akwai wani shimfiɗi a bayan idon mai mayar da haske, kamar na kyanwa. Hasken da ya shiga ya wuce ba a kama ba sai ya dawo ta cikin idon karo na biyu. Duk da haka ba ya gani a baƙin duhu. Yadda yake yi shi ne ya zauna ƙasa a fili, ya ɗaga ido sama. Sama ko da dare ta fi ƙasa haske, don haka ƙwaron da ya gifta sai ya fito baƙi a jikinta. Sai ya tashi ya cafke ta ƙasa, ya dawo mazauninsa. Wasu kuma shawagi suke yi ƙasa-ƙasa suna kamu. Hanya fili ce da ba ciyawa ba reshe, ga sama a buɗe. Fitilar mota in ta dalle wannan ido da aka yi don ɗan haske, sai ya daskare.

Saboda haka lokacin cinsa ƙanƙane ne: bayan faɗuwar rana, da kafin fitowarta, sai kuma daren farin wata. Masu bincike a Jami'ar Lund ta ƙasar Suwidin sun ɗaura wa yautan Turai 39 ƙananan na'urorin bin diddigi, suka fitar da sakamako a 2019. Sun ga cewa a daren farin wata farautar tsuntsayen ta ninka fiye da sau biyu, sannan tafiyar ƙaurarsu ta fi yawa kimanin kwana 11 bayan cikar wata. Watau sai sun ci sun yi ƙiba da hasken wata, in duhu ya dawo, cin ya ragu, sai su kama hanya. A kudancin Afirka kuma an lura wani irin yakan saka ƙwai wajen cikar wata, ta yadda lokacin da 'ya'yan suka fi bukatar abinci zai faɗo a wani farin watan.

Mai amfani da sauti a cikin dangin nesa akwai shi, amma ba yautai ba ne. Wani tsuntsu ne na kogunan dutse a Kudancin Amurka, wanda masanin Jamus Humboldt ya gani a wani kogo a Benezuwela a 1799. Shi yana ƙyasta sauti ya saurari amsawarsa don kada ya yi karo da bango, kuma 'ya'yan itace yake ci, ba ƙwari ba.

Baba Mai Gona:
Batun wata kam 'yata kin faɗi daidai. Ban san Suwidin ba, amma na san in wata ya yi fari kukansa ba ya barin mutum barci, in duhu ya yi sai ka ji shi da magariba kawai ya yi shiru. Mu mun ɗauka murna yake yi.

Ummu Khalil:
Ni tambayata ta gida ce. Yana cin sauro? In yana ci, ai mu ya kamata mu yi masa kirarin alheri. Sannan na taɓa jin wai Turawa na cewa yana tsotse nonon awaki da dare, gaskiya ne?

Malamar Bayoloji:
Yakan haɗa da sauro in ya samu, amma kada ki jingine gidan sauronki saboda shi. Sauro bai da tsoka. Abincinsa na gaske faɗa-wuta ne da buzuzu da sauran ƙwari masu ɗan jiki, da shinge in ya fito bayan ruwa. Da yawa cikin faɗa-wutan nan su ne iyayen tsutsotsin da ke cin amfanin gona, don haka manomi ya fi kowa cin moriyarsa.

Batun awaki tsohon zargi ne. Aristotal, masanin tsohuwar Girka, ya rubuta shi fiye da shekara 2,300 da suka wuce, har da cewa akuyar da ya tsotsa nononta kan ƙafe ta makance. Zancen ya bi Turai ƙarni bayan ƙarni, har da masanin Suwidin Linnaeus ya zo raɗa wa na Turai suna a 1758 sai ya kira shi Caprimulgus, ma'ana mai tatsar akuya. Sunan na nan har gobe a littattafan kimiyya, an ɗaure shi da laifin da bai yi ba.

Sarkin Gardama:
Ruwa ba ya tsami banza, Malama. Mutane a ƙasashe daban-daban ba za su haɗu a kan ƙarya ɗaya ba. Wani ya gani.

Baba Mai Gona:
Sarki, abin da wani ya gani ni ma na gani. Da magariba yakan yi ta kewaya garke, yana wucewa ta tsakanin ƙafafun dabbobi. Amma ni da na tsaya na duba, ƙwarin da ke tashi daga kashin dabba da waɗanda ƙafafunsu ke tayarwa daga ciyawa yake bi. Wace akuya ce za ta tsaya tsuntsu ya kama mata hantsa? Ko ɗanta in ya matsa mata harbin sa take yi. Makiyayi ne ya wayi gari ba nono, ya tuna da tsuntsun da ya gani jiya mai bakin kwaɗo, shi ke nan an samu mai laifi.

Malamar Bayoloji:
To Baba, tunda kun wanke shi daga satar nono, saura ku wanke shi daga mugunta.

Baba Mai Gona:
Wannan sai na yi shawara.

Ummu Khalil:
To a ƙasashen sanyi da ƙwari ke ɓacewa watanni, me yake ci?

Mai Kamara:
Yawancinsu guduwa suke yi. Na Turai kan ƙetare Bahar Rum da hamadar Sahara ya zo Afirka, waɗanda aka bi diddiginsu daga yammacin Turai da dama a kudancin ƙasar Kongo suka yada zango. Ki tuna nauyin da na faɗa ɗazu, sannan ki auna wannan tafiya, zuwa da dawowa, kowace shekara. Akwai na Arewacin Amurka da ke tafiya har Kudancin Amurka, shi a birni ma yakan saka ƙwai a kan rufin bene mai tsakuwa.

Amma akwai guda ɗaya da ya zaɓi barci. A Disambar 1946 wani masani, Edmund Jaeger, yana yawo a duwatsun hamadar Kalifoniya ya ga wani ƙaramin yautai maƙale a ramin dutse. Ya ɗauke shi, jiki sanyi ƙalau kamar gawa. A wani zuwan ya sa masa madubi a hanci bai ga tururi ba, ya nemi bugun zuciya bai ji ba, ya auna zafin jiki ya samu wajen digiri 18, alhali na tsuntsu kan kai 40. Kuma da rai. Ya sa masa zobe a ƙafa, tsuntsun ya yi ta dawowa wannan rami shekara bayan shekara. Shi ne tsuntsu na farko da aka tabbatar yana irin wannan dogon barcin hunturu na makonni. Abin dariyar, mutanen Hopi, wata ƙabila ta 'yan asalin Amurka, tun da can sunan da suke kiran sa da shi ma'anarsa mai barci. Kimiyya ce ta makara.

Direban Dare:
Yaya Mai Kamara, to mu direbobi me za mu yi? Mutum ba zai taka birki da lodi saboda tsuntsu ba.

Mai Kamara:
Ba wanda zai ce ka jefa mota a rami. In hanya ba kowa kuma ka hango jan idon daga nesa, ka sassauta, ka rage fitila zuwa ƙarama, sau da yawa hakan ya isa ya farfaɗo ya tashi. In kuma ka buge, ka ɗauki hoton fiffiken a buɗe da wutsiyar. Kada ka raina wannan. A 1990 wasu masu bincike a gandun dajin Nechisar na Habasha suka tsinci mushen yautai a kan hanya, ya lalace, fiffike ɗaya kawai suka iya ɗauka. Da aka gwada shi da na gidajen adana kayan tarihi bai yi daidai da kowanne ba, har a 1995 aka raɗa masa suna solala, ma'ana fiffike kaɗai. An daɗe ana muhawara ko iri ne mai zaman kansa. Ka ga tsuntsun da ba a gama sanin danginsa ba ke nan.

Ni dai a ganina mota ba ita ce babbar matsalarsa ba. Feshin maganin ƙwari na rage masa abinci, wutar daji kuma in ta zo lokacin kwanci ba ta barin ƙwai a ƙasa.

Ɗan Auta:
Jama'a na dawo, kwana 12 ke nan. Na bi shawara, daga nesa nake leƙe, kuma uwar ta dawo tun washegari. Amma yau da safe na duba ba ta nan, ƙwan ma babu. Ɓawo kaɗan na gani. Raina ya ɓaci wallahi, ina jin wani abu ya cinye.

Sarkin Gardama:
Ba abin da ya cinye. Ta gaji da leƙenka ne ta kwashe ƙwanta a baki ta canja wuri. Da wannan bakin da Mai Kamara ya kwatanta, ƙwai biyu wasa ne. Wannan kam na karanta da idona.

Mai Kamara:
Ka karanta, ban musa ba. Audubon, mai zanen tsuntsayen Amurka a ƙarni na 19, shi ya ba da labarin ya ga wani babban yautai na can ya ɗauki ƙwai a baki, littattafai suka yi ta kwafa. Waɗanda suka zo baya suka sa ido a kan wuraren kwanci da yawa ba su ga hakan ba. Bakin dai ya isa, don wannan irin har ƙananan tsuntsaye yakan haɗiye ɗungurungum, amma isa daban, aikatawa daban.

Ɗan Auta, yaya ɓawon yake? In ya rabu biyu tsaf, cikinsa a bushe, ba gwaiduwa ba jini, ƙyanƙyasa ce. In an farfasa shi ko an huda gefe da danshi a ciki, to ɓarawo ne. Kwancin nasu kwana 17 zuwa 18 ne a na Turai, sauran ma ba su yi nisa da haka ba, kuma ba mu san ranar da ta fara ba, don haka lissafin bai saɓa ba. 'Ya'yan da gashinsu mai laushi suke fitowa, ido a buɗe, kuma cikin kwana ɗaya ko biyu suna iya ɗan tattaki. Uwar kan kira su zuwa inuwa. Ka duba gindin ciyawa ko ƙaramin kurmi mafi kusa, amma ka kalli inda za ka sa ƙafa kafin ka sa.

Ɗan Auta:
Allahu akbar! Yaya, suna nan! Ɓawon a bushe yake kamar yadda ka ce. Na tsaya wuri ɗaya na yi ta bin ƙasa da ido kusan minti goma, sai na gan ta a gindin wani ɗan kurmi, bai fi taku shida daga wurin farko ba. Da ta ɗan ɗaga ƙirji sai ga kai ɗaya ya leƙo ta ƙarƙashinta, kamar dunƙulen auduga da aka birkiɗa a ƙasa. Na biyun ban gan shi ba sai da ya motsa, ashe yana gefenta a fili ina ta kallon sa ina ce tsakuwa ce. Maƙogwaronta na ta kaɗawa da sauri baki a ɗan buɗe, ko tsoro ne?

Malamar Bayoloji:
Barka! Ba tsoro ba ne, zafi take fitarwa. Tsuntsu ba ya gumi, sai ta riƙa kaɗa fatar maƙogwaro iska na busar da danshin ciki, jiki ya huce. Da wannan take iya yini a ƙasa mai zafi tana yi wa 'ya'ya inuwa. Ka ƙara ja baya yanzu, don in ka tashe ta da tsakar rana su za su sha wuya. Nan da kwana 16 zuwa 20 za su fara tashi.

Ɗan Auta:
To akwai matsala ɗaya. Yayana ya ce jibi zai sa wa filin wuta a share shi.

Baba Mai Gona:
Ka ce masa in ji ni ya ɗaga zuwa mako uku, filin ba gudu zai yi ba. In ya ƙi, ka haɗa ni da shi a waya.

Sarkin Gardama:
Au Baba, mugun tsuntsun ake yi wa ceto haka?

Baba Mai Gona:
Na ce ina shawara, ban ce na gama ba. Ɗan Auta, ka turo lambar yayan naka ta akwatin sirri.